Ko Kotu Za Ta Iya Tilasta Wa Ma'aikaci Ya Yi Rajistar Takardar Gonarmu?

'Yan'uwa manoma, akwai wata magana da takan fito a taron ƙungiyar gama kai duk sa'ad da takardar fili ta daɗe a ofis ba labari. Sai wani ya miƙe ya ce, mu kai su kotu mana, alƙali ya sa su yi mana rajista dole. Jama'a su yi na'am, a fara lissafin buhu nawa na gero za a fitar daga rumbun ƙungiya domin a biya lauya. Kafin a kwance bakin buhun nan ya kamata mu san abu guda. Kotu tana da ikon tilasta wa ma'aikacin gwamnati, amma ikon nan yana da iyaka, kuma yawancin takardunmu na ƙauye a bayan iyakar suke tsayawa.

Maganar ta fi matsa mana yanzu fiye da dā. Daga Kaura Namoda zuwa Moriki, har Shinkafi da Zurmi, rashin tsaro ya sa mutane da yawa sun bar gonakinsu na nesa, suna neman na kusa da gari ko fadamar bakin Gagare. Ana ciniki da gaggawa. Wanda ya sayar yau, gobe ya kwashe iyalinsa ya koma Gusau. Shaidun da suka tsaya a kan iyaka su ma sun watse. A dā in an yi gardamar gona, dattawan unguwa suna nan, sun san itacen da ya raba gonar wane da ta wane. Yau kuwa sau da yawa takarda kaɗai ta rage.

Me muke saye in mun sayi gona?

A bakinmu mukan ce mun sayi ƙasa. A bakin doka ba haka ba ne, kuma wannan ba sabon abu ba ne a Arewa. Tun shekarar 1910 Turawan mulki suka yi shelar cewa ƙasar Arewa tana hannun Gwamna, yana riƙe da ita domin amfanin 'yan ƙasa. Aka sabunta dokar a 1916, Gwamnatin Jihar Arewa kuma ta yi tata a 1962. Sa'an nan a ran 29 ga Maris 1978 gwamnatin soja ta Janar Obasanjo ta kafa Dokar Amfani da Ƙasa, wadda ta game Nijeriya duka, aka kuma sa ta cikin tsarin mulki don kada a soke ta da sauƙi. Ita ce ke aiki har yau. Bisa ga dokar nan, ƙasar jiha duka tana hannun Gwamna a kan amana. Abin da manomi yake da shi shi ne haƙƙin zama da amfani da wurin, kuma haƙƙin nan shi muke saye.

Haƙƙin iri biyu ne. Akwai wanda Gwamna yake bayarwa, yawanci a cikin wuraren da aka yi shelar sun zama birni, ko da yake yana iya bayar da shi a karkara ma. Akwai kuma haƙƙin gargajiya na karkara, wanda yake hannun ƙaramar hukuma. Sashe na 6 ya ba ƙaramar hukuma ikon bayar da fili har hekta 500 domin noma, ko hekta 5,000 domin kiwo. Abin da ya wuce haka sai da yardar Gwamna. To, ga inda gizo yake saƙa. Sashe na 22 ya ce mai haƙƙin Gwamna ba zai sayar ba, ba zai jinginar ba, sai Gwamna ya yarda tukuna. Sashe na 21 ya ce mai haƙƙin gargajiya ba zai sayar ba sai da amincewar ƙaramar hukuma, in kuwa kotu ce ta sa a sayar, sai da yardar Gwamna. Sashe na 26 ya rufe maganar: cinikin da aka yi ba bisa dokar ba, banza ne.

Watau mutumin Moriki da zai sayar da gonarsa ta karkara, ofishin da maganar ta shafa shi ne na ƙaramar hukumar Zurmi. Hatimin mai unguwa da na dagaci da na hakimi abin daraja ne, kada kowa ya raina su, gama su ne suka san tarihin gonar, alƙali kuma yakan saurari shaidarsu. Amma hatiminsu ba shi ne amincewar da sashe na 21 yake nufi ba. Ƙungiyoyi da yawa suna ajiye da takarda mai hatimi uku, suna tsammani sun gama, alhali ko ƙofar farko ba su shiga ba.

Rajista kuma wani abu ne dabam. Ita ce shigar da takardar ciniki cikin littafin gwamnati a ofishin filaye, domin duk mai bincike ya ga cewa wane ya sayar wa wane, ran kaza. Dokar rajistar ta samo asali tun 1924, aka maimaita ta cikin dokokin Jihar Arewa na 1963, jihohi suka gāje ta. Ta ɗaure hannun magatakarda da sharuɗɗa. Sai an biya kuɗin kan sarki na takardar. Sai an bayyana filin sosai, da taswira mai sa hannun safiyo. In kuma takardar irin wadda take bukatar yardar hukuma ce, ba zai yi mata rajista ba sai ya ga yardar a rubuce a jikinta, ko ya tabbata an bayar.

Umarnin tilas

Umarnin da muke so alƙali ya bayar, lauyoyi suna kiransa mandamas. Kalmar Latin ce, ma'anarta mun umarta, daga shari'ar Ingila muka gāje ta. Babbar Kotu ce take bayar da shi, kuma aikinsa shi ne ta sa ma'aikaci ko hukuma su yi aikin da doka ta ɗora musu suka ƙi yi. Yana aiki kuwa. A 1981 Kotun Ƙoli ta ba da shi a shari'ar Shitta-Bey, ta tilasta wa Hukumar Ma'aikatan Tarayya ta mai da wani ma'aikaci bakin aikinsa bayan kotu ta riga ta ce sallamarsa ba ta halatta ba.

Amma alƙalai sukan raba aikin ma'aikaci gida biyu: aikin dole, da aikin da doka ta bar wa hankalinsa. Waɗanda suka ga zamanin kasuwar auduga za su gane wannan nan da nan. In ka kawo audugarka ranar kasuwa, malamin sikeli dole ya auna, ba shi da ikon ya ce yau ba ya so. Amma ko lamba ɗaya ce ko lamba biyu, wannan idon mai duba ne. Kana iya kai ƙara a sa a auna maka. Ba ka iya kai ƙara a ce lalle sai an ba ka lamba ɗaya.

Yardar Gwamna tana cikin gida na biyu. An gwada wannan tun da daɗewa a nan Arewa. A 1963 Bankin Arewa ya nemi Babbar Kotu ta tilasta wa Ministan Ƙasa da Safiyo na Jihar Arewa ya ba da yarda a kan wani fili. Kotu ta ƙi. Dalilinta shi ne doka ta bar wa mai ba da yarda ya duba ya ga ko ya dace, kuma abin da aka bar wa ganin mutum ba a tilasta shi da mandamas. Lauyoyi har yanzu suna kawo shari'ar nan in ana maganar sashe na 22. Ku lura fa, banki ne, da lauyoyinsa da kuɗinsa, bai samu ba.

Tun da yake magatakarda ba zai yi rajista ba sai da yarda, kotu kuma ba za ta tilasta a ba da yarda ba, to, ƙungiyar da ta kai ƙarar magatakarda a kan takarda marar yarda ta kai ƙarar mutumin da yake bin doka ne. Alƙali ba zai umarci ma'aikaci ya karya dokar da aka ɗauke shi ya tsare ba. Haka nan in ba taswira, ko ba a biya kuɗin kan sarki ba.

Wani zai ce, ai gonar nan tun kakanni take, ba Gwamna ne ya ba da ita ba, ina ruwanta da yardarsa? An kai wannan gardama har Kotun Ƙoli. A 1989, a shari'ar Bankin Savannah da Ajilo, wani mutum a Legas ya jinginar da filin da yake riƙe da shi tun kafin 1978, ba a nemi yardar Gwamna ba. Da banki ya tashi sayar da filin saboda bashi, sai mutumin ya ce jinginar banza ce. Kotun Ƙoli ta ce haka ne, banza ce, gama wanda yake da fili tun kafin dokar ana ɗaukarsa kamar Gwamna ne ya ba shi, sharaɗin yarda kuma ya hau kansa. Hukuncin nan ya yi wa mutane da yawa zafi, don wanda ya ci kuɗin shi ne ya amfana da rashin yardar da shi ya kamata ya nema. A 1995, a shari'ar kamfanin Awojugbagbe da Chinukwe, kotun ta ɗan sassauta. Ta ce ba laifi ba ne a yi ciniki a rubuta yarjejeniya kafin yarda ta fito, sai dai cinikin yana rataye ne, bai cika ba sai ranar da yardar ta zo.

Ga gonakin karkara akwai ma wani ƙulli. Sashe na 36 ya bar wa manomi gonar da yake nomawa tun kafin 1978, amma a ƙarshensa ya hana a yanka irin wannan gona fuloti-fuloti ko a miƙa ta ga wani, har ya sa tarar naira 5,000 ko ɗaurin shekara 1. Lauyoyi sun daɗe suna muhawara a kan yadda za a daidaita wannan da sashe na 21, wanda ya yarda a sayar in ƙaramar hukuma ta amince. A ƙauye dai ba a daina saye da sayarwa ba ko rana ɗaya, kowa ya san haka. Amma wanda ya ɗauki takardar irin wannan ciniki ya nufi kotu yana neman a tilasta rajista, ya sani da sanda a hannun abokin shari'arsa.

Abin da kotu za ta iya yi

Kada mu ce ashe ba amfanin kotu. Ma'aikacin da aka ba ikon duba abu, dole ya duba. Ba a ba shi ikon ya sa takarda a aljihun tebur shekara biyu ba, ko ya ce sai an ga bayan hannu, ko ya ƙi saboda addinin mai nema ko garin da iyayensa suka fito. Kotu tana iya umartarsa ya karɓi takardar, ya duba ta bisa doka, ya ba da amsa. In ya ƙi saboda dalilin da doka ba ta sani ba, kotu tana iya soke ƙin, ta ce ya sāke dubawa. Abin da ba za ta yi ba shi ne ta hau kujerarsa ta sa hannu a madadinsa. In kuwa takarda ta cika sharuɗɗa duka, da yarda da taswira da kan sarki, to, shigar da ita littafi aikin dole ne, nan mandamas yake da ƙarfi.

Akwai kuma wata ƙofa a cikin sashe na 36 da ba a cika amfani da ita ba. Manomin da yake riƙe da gona tun kafin dokar yana iya kai wa ƙaramar hukuma zane ko cikakken bayanin gonar, ya nemi a rubuta shi a matsayin mai haƙƙin gargajiya. Dokar ta ce in ƙaramar hukuma ta gamsu cewa gonarsa ce kuma noma ake yi a cikinta a lokacin, lalle ta rubuta shi. A ganina ƙungiyar da take son sayen gona ta fara roƙon mai gonar ya bi ta ƙofar nan tukuna. In sunansa ya shiga littafin ƙaramar hukuma, neman amincewa a kan cinikin yakan zo da sauƙi.

Mai neman umarnin tilas sai ya nuna ya roƙa an ƙi. Zuwa ofis sau goma da baki ba shaida ba ce. A rubuta wasiƙa, a sa kwanan wata, a kai kwafi biyu, akawu ya buga hatimin karɓa a kan ɗaya a dawo da shi. Kada kuma a yi jinkiri bayan an ƙi, gama dokar kāre ma'aikatan gwamnati ta sa wa'adin wata 3 ga ƙararraki da yawa irin waɗannan, alƙali kuma yana da ikon ƙin sauraron wanda ya yi barci a kan haƙƙinsa.

Wanda kotu ta fi iya kamawa shi ne mai sayarwa. Doka a kansa ta ɗora neman yarda, don shi ne mai haƙƙin. In ya karɓi kuɗi ya ƙi zuwa ofis ya sa hannu, ana iya kai ƙararsa a sa shi ya cika alkawari, ko ya mai da kuɗi. Sai dai fa a same shi. Don haka ƙungiya mai hankali ba ta biyan kuɗin gona duka rana ɗaya. Ta ba da kafin alkalami da wani kashi, a rubuta cewa sauran sai ranar da amincewa ta fito. Mai gonar da ya san sauran kuɗinsa yana jiran takarda, shi zai riga ku zuwa Zurmi.

Rajista ba ta wanke ciniki

Ko da an yi rajistar, dokar da kanta ta ce rajista ba ta gyara aibin da ke cikin takarda. In wanda ya sayar ba shi da ikon sayarwa, littafin gwamnati ba zai ba shi ikon ba. A ƙasarmu aibin nan yakan zo ta hanyar gādo. Gonar gandu ce ba a raba ba, babban wa ya sayar, ƙannensa mata suna gidajen aure ba a tambaye su ba. Yawancin masu sayar mana da gona maƙwabtanmu ne Musulmi, a shari'ar Musulunci kuwa mata suna da rabonsu, kuma akwai haƙƙin shuf'a: wanda yake tarayya cikin gonar da ba a raba ba yana iya biyan kuɗin da baƙo ya biya, ya karɓi rabon da aka sayar. Wani lokaci kuma gonar jingina ce ko aro, mai noman ya daɗe a ciki har mutane suka manta ba tasa ba ce. Wani lokaci burtali ne ko makiyaya ko gefen dajin gwamnati, irin na wajen Dumburum. Tun 1965 akwai dokar keɓe makiyaya a Arewa, kuma duk mun ga abin da cinye burtali ya jawo tsakanin manoma da makiyaya a Zamfara. Ƙungiyar ikkilisiya ba ta da abin nema a irin wannan fili, komai arharsa.

In gardama ta tashi a kan ko gonar ta wane ce, mandamas ba ya shiga. Ba a yanke maganar mallaka ta hanyar tilasta wa magatakarda. Sai an yi shari'a sosai tsakanin masu gardamar, da shaidu, a gama tukuna. Sashe na 39 ya ce maganar haƙƙin Gwamna ta Babbar Kotu ce kaɗai. Sashe na 41 ya ba kotunan yanki maganar haƙƙin gargajiya, a Zamfara kuwa tun shekarar 2000 kotunan shari'ar Musulunci suka maye gurbin kotunan yanki. A wannan shekara ta 2000, a shari'ar Adisa da Oyinwola, Kotun Ƙoli ta ce Babbar Kotun jiha ma tana da ikon sauraron maganar filin karkara. Saboda haka ƙungiyarmu tana da inda za ta je, sai dai tafiyar doguwa ce, kuɗinta kuma yakan fi kuɗin gonar.

To, takardar da ba a yi wa rajista ba, a jefar da ita ke nan? Ko kusa. A 1985, a shari'ar Okoye da kamfanin Dumez, Kotun Ƙoli ta ce wanda ya biya kuɗi kuma ya shiga filin yana da haƙƙi mai ƙarfi ko da takardarsa ba ta da rajista, ba mai ture shi sai wanda ya saya daga baya bisa ƙa'ida ba tare da ya san da shi ba. A 2017, a shari'ar Benjamin da Kalio, kotun ta ce ana iya karɓar irin takardar nan a matsayin shaida. A 2019, a shari'ar Abdullahi da Adetutu, ta koma ta ce ba za ta tabbatar da mallaka ba, amma tana iya nuna an yi ciniki an biya kuɗi. Abin da manomi zai ɗauka a nan shi ne, rasit da noma su ne garkuwarsa kafin rajista ta zo. Gonar da aka saya a shiga a nome ta a daminar farko, a dasa gamba ko itatuwa a kan iyaka, kowa ya ga mai ita.

Sai maganar suna. Ƙungiyar da ba ta da rajistar gama kai ba mutum ba ce a idon doka, ba ta iya riƙe fili da sunanta, ba ta iya kai ƙara da sunanta. Shi ya sa akan rubuta sunan shugaba ko na fasto, da nufin alheri. Shugaba ya rasu, magadansa su ga sunan ubansu a takarda. Fasto a yi masa canjin wurin aiki. Dokar ƙungiyoyin gama kai ta 1993 ta ce ƙungiya mai rajista tana iya mallakar dukiya da sunanta. In kuwa filin na ikkilisiya ne, a rubuta shi da sunan amintattun ikkilisiya masu rajista. A raba biyun nan tun farko, kada gonar ƙungiya ta cuɗe da ta ikkilisiya.

Masu karatun Littafi Mai Tsarki za su tuna da annabi Irmiya a sura ta 32. Ya sayi gonar ɗan'uwansa a Anatot sa'ad da sojojin Babila suke kewaye da Urushalima. Ya auna azurfa shekel 17 a gaban shaidu, aka rubuta takarda biyu, ɗaya a liƙe ɗaya a buɗe, ya ba Baruk ya sa su cikin tukunyar ƙasa domin su daɗe. Mu ma a lokacin tashin hankali muke saye, kuma ɗakin ma'aji guda ɗaya ba wurin dogara ba ne. Asalin takarda ya zauna wurin ma'aji, kwafi ɗaya a ofishin gundumar ikkilisiya a wani gari, sakatare kuma ya ɗauki hoton kowane shafi da waya, har da rasit da wasiƙar da akawu ya buga wa hatimi. A rubuta sunayen shaidu da na iyayensu da garuruwansu na asali, don in sun ƙaura a san inda za a neme su.